Daga Burtalin Teksas Zuwa Takardun Hajijiya: Abubuwan Mamaki Daga Yammacin Amurka

Wanda ya tashi yana kallon finafinan kaboyi a siliman Kano ko Jos ko Zariya zai ɗauka rayuwar nan ta malafa da doki da bindiga a ƙugu ta yi ɗaruruwan shekaru. Ina! Zamanin da ake koro shanu a ƙafa daga Teksas zuwa tashoshin jirgin ƙasa na Kansas ya kankama ne wajen 1866, bayan yaƙin basasar Amurka, kuma kafin 1890 ya zama labari. Bayan kusan shekara tamanin, a wannan yanki dai na Yamma, wasu matasa suka ɓullo da wani irin zane a kan takarda mai sa ido hajijiya, shi ma bai wuce shekara biyar zuwa shida yana tashe ba. Ba wanda zai ce zamunan nan biyu sun haɗa hanya, amma sun haɗa, kuma a kan takarda suka haɗu.

Mu fara da shanun. Masu dogayen ƙahonin nan na Teksas jikokin shanun da Sifaniyawa suka tsallako da su ne, tun daga tafiyar Christopher Columbus ta biyu a 1493. Da yawa sun ɓalle sun shiga daji, suka yi ƙarnoni babu makiyayi, suka koyi jure ƙishirwa da kare maruƙansu daga kyarkeci. Wani binciken ƙwayoyin gado da aka yi a Jami'ar Teksas a 2013 ya nuna kimanin kashi 15 cikin ɗari na jininsu na shanu masu tozo ne, jinin da ake ganin ta Afirka ya bi ya shiga Sifaniya. Ƙahon kuwa ba a magana: a 2019 an auna na wani sa mai suna Poncho Via a jihar Alabama, daga wannan tsini zuwa wancan ya haura mita uku.

Lissafin kasuwa ne ya haifi kaboyi. Da yaƙi ya ƙare a 1865, Teksas ta cika maƙil da miliyoyin shanu ba mai saye. San da ba zai wuce dala 4 a can ba, idan ya isa kasuwannin arewa sai ya yi dala 40. Wani ɗan kasuwa daga Illinois, Joseph McCoy, ya hango riba, ya je wani ƙauye mai 'yan bukkokin katako da ake kira Abilene, a bakin layin dogo, ya kafa kara a 1867. A shekarar farko shanu kimanin 35,000 suka hau tarago daga nan. A 1871 waɗanda aka koro daga Teksas sun kai wajen 600,000. Babban burtalin da ake bi ya ci sunan Jesse Chisholm, wani bafatake mai jinin ƙabilar Cherokee wanda haja yake ja a keken doki. Shi ba makiyayi ba ne, ya ma rasu a 1868 tun hanyar ba ta yi tashe ba.

Garke ɗaya yakan kai shanu 2,500 zuwa 3,000, masu kora kuwa mutum goma ne ko sha biyu, kowa da dawakai da yawa da yake sauyawa. Ba a sauri, domin san da aka tsananta wa tafiya ramewa yake yi, ramamme kuwa ba ya kuɗi. Kilomita 16 zuwa 24 ake ci a yini, a shafe wata biyu ko uku a hanya. Gwanaye ke riƙe gaba da gefe. Sabon shiga shi ake bari a baya yana tattaro gurgu da mai nawa, yana shaƙar ƙurar dubban kofatai, kuma ƙurar nan ce ta sa suke ɗaura ƙyalle a hanci, ƙyallen da fim ya mayar kayan ado. Albashi dala 25 zuwa 40 ne a wata. A 1883 wasu kaboyi a arewacin Teksas sun yi yajin aiki suna neman dala 50, masu gonakin kiwo suka ɗauki wasu a madadinsu, yajin ya mutu.

Abin da suka fi tsoro shi ne dare. Walƙiya, ko tsawa, ko ƙarar karyewar kirare ma, ta isa ta sa shanu dubu uku su zabura lokaci ɗaya su ɓarke da gudu cikin duhu. Shi ya sa masu gadi biyu ke kewaya garke a kan doki, ɗaya ta dama ɗaya ta hagu, suna waƙa ƙasa-ƙasa har a zo a karɓe su, don shanu su saba da muryar mutum, wani baƙon sauti kada ya firgita su. Idan kuwa sun ɓarke, dabara ɗaya ce: a sukwano a cim ma na gaba, a yi ta karkata su har garken ya naɗe ya riƙa juyawa wuri ɗaya, ya gaji ya tsaya. Rami ɗaya a gaban doki a irin wannan gudu ya ishi mahayi ajali.

Kuku ya fi kaboyi albashi, kuma ya cancanta. Shi ne mai girki, shi ne likita, shi ne wanzami, shi ne ma'ajin kuɗi. Keken girkinsa Charles Goodnight ne ya ƙirƙiro shi a 1866, ya ɗauki tsohon keken sojoji ya kafa masa akwati mai aljihuna a baya, murfinsa in an sauke ya zama tebur. Wake, naman gishiri, burodi da baƙar gahawa, yau da gobe. Kafin kuku ya kwanta yakan juya sandar jan keken ta fuskanci tauraron arewa, domin gari na wayewa madugu ya san inda zai dosa a filin da ba dutse ba bishiya.

Goodnight ɗin nan yana da wani sa mai suna Old Blue wanda bai taɓa sayar da shi ba. An rataya masa ƙararrawa, shi ke jan garke zuwa Dodge City, a loda 'yan'uwansa a jirgi, shi kuma ya biyo dawakai ya dawo gida. Shekara takwas yana wannan aiki. Abokin kasuwancin Goodnight kuwa, Oliver Loving, mayaƙan Comanche ne suka ji masa rauni a bakin kogin Pecos a 1867, ciwon ya ruɓe, ya mutu a Fort Sumner bayan ya roƙi kada a bar shi a ƙasar baƙi. Goodnight ya cika alkawari: aka ƙera akwati da gwangwanayen mai da aka baje, aka cika da gawayi, aka ja gawar ɗaruruwan kilomita zuwa garin Weatherford a Teksas.

A maƙabartar da Loving yake kwance akwai kabarin Bose Ikard, baƙar fata da aka haifa cikin bauta, wanda Goodnight ke danƙa wa kuɗin shanu ya ajiye a hanya saboda amanarsa. Masana tarihi sun ƙiyasta cewa kusan ɗaya cikin kowane kaboyi huɗu baƙar fata ne, wasu da yawa kuma 'yan Meziko ne, waɗanda daga wurinsu ma aka koyi jifan zarge da sirdi mai ƙaho da yawancin dabarun sana'ar. Nemo su a finafinan da muka kalla. Wannan shi ya fi komai ci mini rai a labarin nan: waɗanda suka sha ƙura daban, waɗanda aka buga hotonsu a fasta daban, kuma abin da takarda ta ɗauka shi duniya ta riƙe a matsayin tarihi.

Dubi Bill Pickett, baƙar fata ɗan Teksas da aka haifa a 1870. Yakan diro daga doki ya cafke ƙahon sa, ya murɗe wuyansa, ya ciji leɓensa na sama har ya kai shi ƙasa, dabarar da ya gani wajen karnukan kiwo. Daga nan aka samo wasan kokawa da sa da ake yi har yau. Da hukumar gidan waya ta Amurka ta tashi karrama shi da kan sarki a 1994, sai da aka gama bugawa danginsa suka ce hoton na ɗan'uwansa Ben ne. Aka janye, aka sake bugawa, sannan aka sayar da faifai 150,000 na mai kuskuren ta hanyar ƙuri'a.

Ko kun san an yi raƙuma a Teksas? Majalisar Amurka ta ware dala 30,000 a 1855 don sojoji su gwada su a hamada, suka sauka a tashar Indianola a 1856. Cikin waɗanda aka ɗauko don kula da su akwai wani Musulmi daga Daular Usmaniyya, Hadji Ali. Raƙuman sun yi aiki, amma dawakai da alfadarai na tsoronsu, yaƙin basasa kuma ya kashe shirin. Hadji Ali ya rasu a 1902 a Quartzsite ta jihar Arizona, kabarinsa ɗan dala ne na duwatsu da siffar raƙumi a ƙololuwa.

Kaska ma ta shiga tarihi ta nan. Duk inda shanun Teksas suka ratsa, sai shanun manoman wurin su kama zazzaɓi su yi ta mutuwa, su kuwa baƙin lafiya lau. Manoman Missouri da Kansas har da bindiga suke tare hanya. Sai a 1893 Theobald Smith da Fred Kilborne suka tabbatar kaska ce ke ɗaukar cutar, kuma wannan ne karo na farko da aka nuna a kimiyyance cewa ƙwaro mai shan jini na kai cuta daga dabba zuwa dabba, tun kafin a kama sauro da laifin zazzaɓin cizonsa.

Abin da ya gama da burtali kuwa waya ce mai ƙaya. Wani manomi a Illinois, Joseph Glidden, ya samu haƙƙin mallakar tasa a 1874, kuma cikin shekara goma masu hali suka killace filaye da mashaya, har da waɗanda ba nasu ba. Mai karatu a ƙasar Hausa ba ya bukatar a yi masa bayanin abin da ke biyo baya idan aka toshe wa dabba hanya da ruwa. A farin 1883 ƙananan makiyaya suka shiga yanke waya da dare, aka yi asarar rayuka, har sai da majalisar Teksas ta zauna a 1884 ta sa ɗauri ga mai yankewa, ta kuma wajabta barin ƙofa a duk mil uku inda shinge ya tare hanya. Gonar kiwo ta XIT ita ce abin kwatance: eka miliyan uku, da jihar ta bai wa wasu attajiran Chicago ladan gina mata ginin majalisa a Austin. Dokokinta sun hana ma'aikata caca da giya da rataya ƙaramar bindiga. Daga baya mutanen karkara suka gano wayar shinge na ɗaukar murya, suka riƙa jona mata tarho suna gaisawa daga gona zuwa gona.

Sai hunturun 1886 zuwa 1887. An cika filayen arewa da shanu fiye da ƙima, rani ya ƙone ciyawa, sannan dusar ƙanƙara ta sauko ta daskare a kan ɗan abin da ya rage. Wasu garkunan sun yi asarar kashi 90 cikin ɗari. Theodore Roosevelt, wanda daga baya ya zama shugaban ƙasa, yana cikin waɗanda suka tafka asara a Dakota. A Montana, masu wasu shanu da ke zaune a birnin Helena suka aiko da wasiƙa suna tambayar yadda dukiyarsu take. Mai kula da garken ya rasa ta inda zai fara. Wani saurayi mai gadin dawakai da dare, Charles Russell, ya ɗauki ɗan guntun kwali da bai fi tafin hannu ba, ya zana saniya ɗaya tilo, haƙarƙari a waje, kai a sunkuye cikin ƙanƙara, kyarketai na kewaya ta suna jira. Aka sa a ambulan. Ɗaya daga cikin masu shanun ya gane amsar, ya yi ta nuna wa mutane a gari, kuma daga wannan guntun kwali sunan Russell ya fita har zanensa ya kai ga ana saye da miliyoyin daloli.

Shanun masu dogon ƙaho su ma saura ƙiris su ƙare, domin kasuwa ta koma son masu ƙiba. A 1927 gwamnati ta ware dala 3,000, aka bi Teksas lungu-lungu aka tattaro 'yan ƙalilan aka adana a Oklahoma. Ɓaunar Amurka, wadda aka karkashe don a buɗe wa shanu fili a kuma karya 'yan asalin ƙasar da ke rayuwa a kanta, ta sauko daga miliyoyi masu yawa zuwa kimanin dubu ɗaya kafin 1890.

Yanzu mu tsallaka zuwa Yunin 1965, garin Virginia City na jihar Nevada, tsohon garin haƙar azurfa da ya kusa zama kufai. Wasu matasa suka gyara wani tsohon gini suka buɗe mashaya mai suna Red Dog Saloon, suka ɗauko wata ƙungiyar makaɗa daga San Francisco, The Charlatans, waɗanda ke shiga irin ta mutanen Yamma na da: malafa, falmaran, dogayen takalma, har da bindigogi na gaske. Biyu daga cikinsu, George Hunter da Michael Ferguson, suka zana takardar talla da hannu, baƙi da fari, suna kwaikwayon tallan wasannin ƙarni na 19, haruffa cunkushe kowanne da irin lanƙwasarsa. Masu tara irin waɗannan takardu suna kiranta The Seed, wato Iri, domin daga ita ake fara ƙirgan fastocin hajijiya. Ashe zanen da ake ɗauka sabon yayi ne tsantsa, cikin kayan kaboyi aka haife shi.

Wannan zane ya tashi ne tare da wata ƙwaya mai juya hankali, LSD, wadda a Suwizalan aka haɗa ta. Albert Hofmann, masanin haɗa magunguna a kamfanin Sandoz da ke Basel, ya samo ta a 1938 daga wata irin ɓurtuntuna da ke kama hatsin Turai, ya ajiye ta shekara biyar. Ranar 19 ga Afrilun 1943 ya sha maikirogiram 250, yana zaton ɗan mitsitsi ne, ya koma gida a kan keke duniya na narkewa a idonsa. Ya rayu har shekara 102. Hukumar leƙen asirin Amurka, CIA, ta yi shekaru tana gwada ƙwayar a kan mutane, wasu ba da saninsu ba, har a cikin San Francisco ɗin kanta. Kalifoniya ta haramta ta ranar 6 ga Oktoban 1966.

Daga 1966 gidajen rawa biyu a San Francisco, Fillmore na Bill Graham da Avalon na Chet Helms, suka riƙa bukatar sabuwar fasta kusan kowane mako. Mutum biyar suka yi fice: Wes Wilson, Victor Moscoso, Rick Griffin, Alton Kelley da Stanley Mouse. Wilson ya ga rubutun wani mai zane ɗan Ostiriya, Alfred Roller, na farkon ƙarni na 20, ya ɗauko haruffan ya kumbura su, ya lanƙwasa su, ya sa suka cika siffar harshen wuta ko gashin mace. Graham ya yi ta ƙorafin ba a iya karantawa. Hujjar Wilson ita ce wanda ya kasa karantawa shi zai tsaya ya ƙura ido, kuma haka aka yi, har matasa suka riƙa ɓamɓare fastocin daga jikin falwaya suna kaiwa ɗaki.

Moscoso ya fi ba ni sha'awa. Haifaffen Sifaniya ne, ya yi karatu a Jami'ar Yale a hannun Josef Albers, babban malamin ilimin launi, inda aka koya masa cewa ja da shuɗi masu ƙarfi ɗaya in suka yi maƙwabtaka ido ba ya iya tsayawa a kan iyakarsu, sai ta riƙa rawa. Masu talla gudun wannan suke yi. Shi kuwa ya mayar da shi jarinsa. Kelley da Mouse su kuma ɗakin karatu na birni suke shiga suna bin tsofaffin littattafai. A nan suka tsinci ƙwarangwal mai rawanin furanni da Edmund Sullivan ya zana a 1913 don littafin waƙoƙin Umar Khayyam, masanin lissafi ɗan Farisa, suka sa masa launi don tallan ƙungiyar Grateful Dead a 1966. Takardar da aka liƙa a bango kyauta, kwafinta na bugun farko ya haura dala 100,000 a gwanjo. Griffin kuwa, da zai zana tallan wani babban gangamin matasa a Janairun 1967, ɗan asalin ƙasar ya ɗora a kan doki riƙe da jita.

Akwai kuma takardar da ake haɗiyewa. Da ƙwayar ta zama haram, masu sayarwa suka koma tsoma takarda mai shan ruwa a cikinta, domin ba ta da nauyi kuma tana shiga ambulan. Faifai ɗaya yakan zo da layin huji a tsaye da kwance, gida 30 sau 30, wato 900, kowane gida bai kai farcen ƙaramin yatsa ba. Daga shekarun 1970 aka fara buga hotuna a kai a matsayin tambarin mai kaya: Mickey Mouse, Hofmann a kan kekensa, har da fuskar Mikhail Gorbachev.

Nauyin takardar nan ya kai gaban Kotun Ƙolin Amurka a 1991, a shari'ar Chapman. An samu wasu mutane da laifin sayar da faifai goma. Ƙwayar da ke jiki ba ta wuce miligiram 50 ba, amma da takarda ta kai giram 5.7, doka kuwa ta ce daga giram ɗaya ɗaurin shekara biyar ne ba ragi. Kotu ta ce a auna har da takardar. Ma'ana, mutum biyu masu laifi ɗaya, wanda ya sayi takarda mai kauri ya fi daɗewa a kurkuku. A ganina wannan ba adalci ba ne, ko da mai laifin ya cancanci hukunci. Wani malamin zane a San Francisco, Mark McCloud, ya tara dubban irin waɗannan faifai ya sa a firam, ya baje kolinsu a 1987. Sau biyu aka gurfanar da shi, na biyun bayan an kwashe faifai sama da 30,000 daga gidansa a 2000, kuma sau biyun ya fita.

Kada kyan takarda ya rufe wa kowa ido. Ƙwayar ta taɓa ƙwaƙwalwar matasa da dama, unguwar Haight-Ashbury ta San Francisco da ta zama matattararsu sai da aka buɗe mata asibitin kyauta a 1967, kuma cikin shekara biyu ƙwayoyi masu kisa suka mamaye ta. Fastocin da ake yabo kuma aikin natsuwa ne: kowane harafi da hannu aka zana shi, kowane launi da farantinsa daban a maɗaba'a, ga mako ɗaya tak na gamawa.

Wes Wilson ya raba gari da Bill Graham a 1967 a kan kuɗi, wata mai zane, Bonnie MacLean, ta karɓi aikin. A 1976 ya tattara iyalinsa ya bar Kalifoniya, ya sayi gona a tsaunukan Ozark na jihar Missouri, ya kama kiwon shanu yana zane a gefe. A can ya rasu a Janairun 2020, yana da shekara 82.